Abin da Kunne ke Gani: Sauti da Kiɗa a Finafinan Faransa

Assalamu alaikum. Malamai, ɗalibai da sauran 'yan uwa, barkanku da zuwa.

Yau zan yi magana ne a kan wata ɗabi'a ta masu shirya fim a Faransa. Da yawansu ba su ɗauki sauti a matsayin ɗan rakiyar hoto ba. Wasu ma sai an gama ɗaukar fim sannan su zauna su gina abin da kunne zai ji daga tushe.

Mu fara da Robert Bresson. A 1956 ya fitar da Un condamné à mort s'est échappé, labarin wani fursuna da sojojin Jamus suka tsare a kurkukun Montluc da ke Lyon lokacin Yaƙin Duniya na Biyu. Yawancin fim ɗin a cikin ɗan ƙuntataccen ɗaki muke. To ta yaya za mu san abin da ke waje? Da kunne. Ga makullin gandireba yana bugun ƙarfen matakala, ga kukan jirgin ƙasa can nesa, ga kartar cokalin da fursunan yake sassaƙe ƙofa da shi, yana tsayawa duk lokacin da ya ji taku. Kai mai kallo sai ka tarar ka kasa kunne tare da shi, gabanka yana faɗuwa. Kiɗa kuwa ɗan kaɗan ne, na Mozart, kuma jefi-jefi yake shigowa. A ganina wannan rowar kiɗan ce ta ba fim ɗin nauyi.

Jacques Tati shi dariya ya nema da sauti. A fim ɗinsa na 1953 kan hutun Monsieur Hulot, ƙofar ɗakin cin abinci kaɗai ta isa ta sa mutane dariya, saboda ƙarar da take yi duk sanda aka tura ta.

Sai kiɗa. A Disamba 1957 Miles Davis, mabushin jaz ɗan Amurka, yana Faris. Louis Malle, matashin darakta ɗan shekara 25, ya roƙe shi kiɗan fim ɗinsa Ascenseur pour l'échafaud. A dare ɗaya aka gama. Ana haska sassan fim ɗin, Davis da makaɗa huɗu suna kallo suna ƙirƙira nan take. Inda jarumar fim ɗin, Jeanne Moreau, take yawo a titi cikin dare tana neman masoyinta, busar ce ke faɗin abin da ke ranta.

Na ga akwai 'yan Nijar a zauren nan, to ku saurara. Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, wanda ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, ya ɗauki Moi, un noir a Abijan ba tare da muryoyin 'yan wasan ba, domin na'urorin lokacin ba su ba shi damar haɗa hoto da magana a titi ba. Daga baya ya zaunar da Oumarou Ganda, ɗan Nijar da ke aikin dako a can, ya kalli kansa a majigi yana magana yadda ta zo masa. Fim ɗin ya fito a 1958, kuma darakta Jean-Luc Godard ya yaba shi ƙwarai. Ganda ya koma gida ya zama darakta, har ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka, a Wagadugu a 1972.

Bari in tsaya nan, mu ji tambayoyinku.