Na'urar Gano Alƙiblar Rediyo a Jirgin Ruwa: Girka Ta da Aiki da Ita

An gabatar da wannan lacca ne ga matasa masu koyon tuƙin jirgin ruwa. An rubuto ta daga rikodin, an rage maimaici.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Malamai, 'yan'uwa ɗalibai, barkanmu da warhaka.

Na san akwai mai cewa a ransa, yau da ko wayar hannu tana nuna wa mutum inda yake tsaye, me ya kai mu ga tsohuwar na'ura? To ku saurara. GPS inda kai kake take faɗa maka. Idan masunci ya kira ta rediyo da tsakar dare, injinsa ya mutu, ruwa na shiga kwalekwalensa, shi kansa bai san inda yake ba, GPS ɗinka ba ta da abin cewa a kansa. Na'urar gano alƙibla ce za ta nuna maka ta inda muryar ke fitowa. Saboda wannan kaɗai ya cancanci ku iya ta.

Duk wanda ya taɓa kama tashar matsakaicin zango da ƙaramar rediyo ya san cewa in ya juya ta murya kan ƙaru, in ya ƙara juyawa sai ta dushe har ta kusa ɓacewa. A cikin rediyon akwai wata baƙar sanda da aka naɗe da siririyar waya, ita ce eriya. Duk lokacin da bakin sandar ya saiti tashar, murya sai ta ɗauke. Asalin ilimin ke nan gaba ɗaya. A jirgi, maimakon sandar, an fi sanin eriya mai siffar zobe. In gefen zoben ya fuskanci tasha, sauti na kai matuƙa. In fuskar zoben ce ta kalle ta, sai shiru.

Matuƙi shirun yake nema, ba ƙarar ba. Wurin ƙara yana da faɗi, za ka iya juya zoben digiri ashirin kunnenka bai ji bambanci ba. Wurin shiru kuwa ɗan siriri ne. In ya ɗan yi faɗi, sai ka lura da bakinsa biyu: murya ta ɗauke a digiri 46, ta dawo a 54, tsakiyarsu 50, ita ce alƙiblarka.

Wasu Italiyawa biyu, Bellini da Tosi, su suka sauƙaƙa aikin kafin Yaƙin Duniya na Ɗaya. Suka kafa zobe biyu a giciye, ba sa motsi, wayoyinsu suka gangaro cikin ɗakin matuƙi, inda ake murɗa wani ɗan ƙaramin naɗin waya a madadin juya eriyar da ke sama. Daga baya yarjejeniyar SOLAS ta kare rayuka a teku ta wajabta wa manyan jiragen da suka kai tan 1,600 su riƙe wannan na'ura, aka kuma dasa tashoshin alama a gaɓar teku, suna aika sunansu da alamomin Morse a wajejen kilohaz 300.

Amma zobe yana da wata illa da nake so ta zauna muku. Wurin shirunsa biyu ne, ɗaya gaba ɗaya baya. Zai ce maka tashar tana kan wannan layi, ba zai ce tana gabanka ko bayanka ba. Don haka ake ƙara masa wata miƙaƙƙiyar eriya, mai raba gardama. In ka haɗa ta da zoben, ɓangare ɗaya zai yi ƙarfi, ɗayan ya mutu, sai ka san gaskiyar wajen.

Kada ku ɗauki wannan ƙaramin abu. Ran 8 ga Satumba 1923, ayarin jiragen yaƙin Amurka 14 ya taso daga San Francisco zuwa San Diego, dare da hazo suka riske su a hanya, suna gudun mil 20 na teku a awa. A lokacin na'urar tana tudu ne, a tashar Point Arguello: jirgi ya yi magana, tashar ta auna, ta faɗa masa alƙiblarsa. Tashar ta nuna har yanzu suna arewa da ita. Lissafin gudu da lokaci da aka yi a jirgin da ke jagora, mai suna Delphy, ya ce sun riga sun wuce ta. Sai suka fi yarda da lissafinsu, suka ɗauki ɗaya bakin layin, wanda ya dace da abin da ransu ke so, suka karya kwana zuwa gabas da nufin shiga mashigin Santa Barbara. Duwatsun Honda Point ne a gabansu. Jirage bakwai suka halaka, mutum 23 suka mutu. Tashar gaskiya ta faɗa. Duk sanda na'ura ta saɓa wa lissafinku, ku rage gudu, ku auna zurfin ruwa, ku nemi shaida ta uku. Ba a zaɓen amsa don ta yi wa mutum daɗi.

Yanzu girkawa, kuma a nan ne yawancin ɓarna ke farawa, tun jirgi yana ɗaure a tasha.

Eriya tana son sama, tana son fili, tana son tsakiyar jirgi. A ɗora ta a kan layin da ya ratsa daga goshin jirgi zuwa bayansa, alamar sifilinta ta kalli goshi sak. In ta karkace da digiri biyu a ranar girkawa, kowace alƙibla da za ku ɗauka har jirgin ya tsufa tana ɗauke da wannan digiri biyun. A nisanta ta da bututun hayaƙi, da ƙarafan ɗaga kaya, da sauran eriyoyi, domin kowane ƙarfe yana kama igiyar rediyo ya sake watsa ta, na'urar kuma ba ta san wace ce ta asali ba. Igiyoyin ƙarfe masu riƙe da dogon sandan jirgi, in sun haɗu da jikin jirgin suka zagayo, su ma sun zama wani babban zobe. Shi ya sa ake raba su da abin da ba ya wuce da lantarki. Kebul ɗin da kamfani ya haɗo da na'urar kada mai gyara ya yanke shi don ya yi masa tsawo, kada kuma ya yi masa ƙari, an auna shi ne da gangan. A rufe mahaɗarsa da kyau, gishirin teku ba ya yafe wa waya. A raba hanyarsa da wayoyin janareta da na cajin batir, har da wasu ƙwayayen LED masu araha, don hayaniyarsu kan cike wurin shirun nan da muke nema. Akwatin na'urar kuma, lasifikarsa na da maganaɗisu, kada a ajiye shi kusa da kamfas.

Ko kun yi duk wannan, jikin jirgin da kansa zai karkatar da igiya. Jirgi dogon ƙarfe ne, yana jan alƙibla zuwa ga tsawonsa. Kuskuren ba ya nunawa sosai in tasha tana gaba sak, ko baya, ko gefe sak. Ya fi tsanani a kusurwoyi huɗu, wajen digiri 45, 135, 225 da 315 daga goshi. Maganinsa gwaji ne. A sami tashar da ido ke ganin eriyarta, a ja baya 'yan mil kaɗan, da rana, a riƙa juya jirgi a hankali har ya zagayo. Mutum ɗaya yana auna alƙibla da ido, ɗaya yana aunawa da rediyo, a lokaci guda, kowane digiri goma ko ƙasa da haka. Bambancin da ke tsakaninsu shi ake rubutawa a takarda a liƙa kusa da na'ura. Ranar da aka ƙara wani ƙarfe a sama, ko aka jibga kwantena a bene, takardar nan ta tsufa, sai an sake. Na'urar da ba a yi mata wannan gwaji ba, ni a wurina gara babu ita, domin wanda ba shi da ita yana tafiya da taka-tsantsan.

Sai aiki da ita. Farko ka tabbatar da tashar da kake ji. Ka saurari sunanta har ya zagayo, ka duba littafin tashoshi, kada ka ce ai ita ce. Sannan ka nemo shiru, kuma a daidai wannan lokacin mai riƙe da sitiyari ya faɗa maka inda goshin jirgi ke kallo. Ku ɗauki biro. Goshi yana kan digiri 70 daga arewa ta gaskiya, wato bayan an cire kuskuren kamfas. Na'ura ta ba ka 50 daga goshi. Takardar gwaji ta ce a wannan kusurwa a ƙara 3. Ka tara, 123 ke nan. In jimlar ta haura 360, sai ka cire 360. Tashar tana kan 123 daga gare ka, kai kuma kana kan 303 daga gare ta. Ka ja layi a taswira daga tashar.

Layi kawai ka samu, ba wuri ba. Sai ka nemi tasha ta biyu, wadda layinta zai gitta na farko da kusurwa mai faɗi, kusa da digiri 90 in da hali. Ta uku ta fi. Layuka uku ba kasafai suke haɗuwa a ɗigo ɗaya ba, sukan bar ɗan fili mai kusurwa uku. Ka ɗauka kana kusurwar da ta fi kusa da haɗari, ka tuƙa a kan haka. Ku riƙe wannan ma'auni: kuskuren digiri ɗaya a nisan mil 60 yana kawar da kai mil ɗaya, mil na teku kuwa mita 1,852 ne. Digiri biyar a mil 30, mil biyu da rabi. Ya ishi jirgi hawa tudun yashi.

Akwai lokutan da bai kamata a ba ta cikakkiyar amana ba. Da dare igiya kan tafi sama ta dawo, ta gauraya da wadda ta biyo doron ruwa, sai wurin shiru ya riƙa yawo. Ya fi muni da fitowar rana da faɗuwarta, musamman in tashar na nesa. Haka nan igiyar da ta biyo gaɓar teku a karkace tana lanƙwasa a inda ƙasa ta haɗu da ruwa, don haka ka fi yarda da tashar da ke bakin ruwa a kan wadda ke can cikin tudu. In da gidan rediyon gari za ka yi aiki, ka san inda dogon ƙarfen watsa shirinsa yake, ba inda ofishinsa yake ba, sau da yawa nisa ne tsakaninsu. Mu da ke mashigin tekun Gini muna da ƙarin matsala, tsawa da walƙiyar damina suna cika waɗannan zanguna da ƙara. Amma muna da rangwame ɗaya. Gyaran da matuƙan Turai ke yi saboda igiya na bin lanƙwasar duniya alhali taswira shimfiɗe take, a wajen Legas ko Tema, digiri biyar zuwa shida kacal daga layin da ya raba duniya arewa da kudu, ɗan kaɗan ne ƙwarai.

Wani amfani kuma shi ne ka saita goshi a kan tasha ka bi ta kai tsaye, kamar lokacin hunturu da ƙura ke rufe gaɓa. Yana aiki, har ya kan wuce gona da iri. Ran 15 ga Mayu 1934, jirgin fasinja Olympic, ɗan'uwan Titanic, yana bin alamar rediyon jirgin fitila na Nantucket, wato jirgin da aka girke wuri ɗaya da fitila don nuna wa jirage hanya, cikin hazo a hanyarsa ta zuwa New York. Ya bi ta daidai har ya sare jirgin fitilar. Cikin ma'aikatansa 11, bakwai suka rasu. Na'urar ba ta faɗin nisa. In za ka bi tasha, ka ajiye ta ɗan gefe da goshi, ka kuma samu wata hanyar sanin saura nawa.

Wani ɗalibi ya yi tambaya: Malam, tashoshin alamar nan suna nan har yanzu?

Yawancinsu an rufe. Tun da GMDSS, tsarin kiran gaggawa da ceto a teku na duniya, ya kankama a Fabrairun 1999, GPS kuma ta game duniya, aka daina wajabta tsohuwar na'urar. Abin da za ka fi gani yau mai aiki da VHF ne, wato zangon rediyon da jirage ke magana da juna a kusa, a jiragen ceto da na sintiri. Eriyarta 'yan sanduna ne a zagaye, babu abin juyawa, allo ne ke nuna maka digiri kai tsaye, ba ta da matsalar gaba ko baya. Amma dokar girkawa tana nan: can ƙololuwar sanda, sama da komai, nesa da hasken rada da eriyar da kake magana da ita. Nisanta iyakar abin da tsayin eriya ya hango ne, kuma cikin tashar jiragen ruwa, inda ƙarafa suka yi yawa, igiya kan yi ta karo tana dawowa, sai allo ya ruɗe. Masu kamun kifi da dogon layin ƙugiya su ma suna amfani da irinta wajen nemo tulun alamar da suka bari a ruwa.

Ga kuma batun GPS ɗin kanta. A Yunin 2017 jirage kusan ashirin a Bahar Aswad, kusa da Novorossiysk, na'urorinsu suka nuna musu wai suna filin jirgin sama a kan tudu. Tun daga nan ana ta samun toshewa da ruɗarwa a tekun Baltik, da gabashin Bahar Rum, da Bahar Maliya. Wanda zai yi aiki a hanyar Port Sudan ko Jidda ya sa wannan a ransa.

A wajen ceto, lambobi uku nake so ku haddace. Tasha ta 16 a VHF, megahaz 156.8, ita ce ta kiran gaggawa. Na'urar EPIRB, wadda ke tashi in jirgi ya nutse, tana aika saƙo ga tauraron ɗan'adam a megahaz 406, cibiyar ceto irin wadda NIMASA, hukumar kula da sufurin teku ta Najeriya, ke gudanarwa a Legas ta samu labari. Tana kuma fitar da ƙaramin sauti a megahaz 121.5, shi ne wanda jirgin ceto ke bi da na'urar gano alƙibla a mil na ƙarshe, lokacin da igiyar ruwa ke ɓoye mutum ko yana kusa.

In kuwa ku ne a cikin matsala, masu ceto za su ce ku danna maɓallin magana ku ƙirga daga ɗaya zuwa goma a hankali. Ba wasa suke ba, alƙiblarku suke aunawa. Ku ɗaga rediyon sama, eriyarta a tsaye, ku ƙirga, sannan ku saki maɓallin ku tanadi batir har su sake nema. Jirgi biyu a wurare daban, ko jirgi ɗaya da ya matsa gefe ya sake aunawa, sun isa su ja layi biyu a kanku.

Gobe da safe kowa ya zo da ƙaramar rediyo mai kama matsakaicin zango, da kamfas, da fensir. A fili za mu haɗu, nesa da motoci da wayoyin lantarki. Wassalamu alaikum.