Uwargida a gaban kyamara: daga zamanin Shagari zuwa yau

Jama'ar Sakkwato, ku tambayi dattawan da suka kalli talabijin tsakanin 1979 da 1983, lokacin mulkin Alhaji Shehu Shagari: wa ya san fuskar iyalinsa a labaran NTA? Da wuya a samu. Shi ake gani da doguwar hularsa da tabarau, matansa suna cikin gida. A wancan zamanin hakan shi ne mutunci.

Maryam Babangida, matar shugaban mulkin soja Ibrahim Babangida, ce ta sauya lamarin. A 1987 ta ƙaddamar da shirin kyautata rayuwar matan karkara, kyamara ta riƙa bin ta duk inda ta sa ƙafa. Tun daga nan matar gwamna ma sai ta samu ofis da gidauniya da mai ɗaukar hotonta, alhali kundin tsarin mulki bai san da ofishin uwargida ba.

To, ku lura da yadda ake haɗa hoton. Ranar rabon tallafi ce, mata sun sha anko, atamfa ɗauke da fuskar mai gida. Kyamara ba ta zuwa kan layin da ya kai har bakin titi cikin zafin rana. Tana kan hannun Hajiya daidai lokacin da take miƙa wa wata tsohuwa keken ɗinki, sai a yanko mai gida a gefe yana murmushi. Abin da ake son ka ɗauka shi ne, wanda ya iya riƙon gida zai iya riƙon jiha. Galibi ma'aikatan yaɗa labaran gidan gwamnati ne ke ɗauka, su tace, su tura Facebook. Ni kam matan can na ƙarshen layi su ke tsaya mini a rai, don ba a nuna ko sun samu.

Wani lokacin kuma abin yakan kuɓuce wa masu tacewa. A Oktoban 2016 Aisha Buhari ta shaida wa BBC Hausa cewa wasu 'yan tsiraru sun mamaye gwamnatin mijinta, kuma in ba a gyara ba ba za ta sake fita yi masa kamfe ba. Buhari yana Berlin, tsaye kusa da Angela Merkel, shugabar gwamnatin Jamus ta lokacin, ya ce wurin matarsa kicin ne da falo da ɗayan ɗakin. Duniya ta ɗauka. Da zaɓen 2019 ya zo, ta fito ta yi masa kamfen.