Matan da ke fitowa uwa a Kannywood: yadda aikin yake

A fim ɗin Hausa, jaruma ce ake sawa a fosta, amma rigimar gidan tana hannun wata: uwar miji, uwargida, gwaggo ko dillaliya. Marigayiya Saratu Giɗaɗo, wato Daso, wadda ta rasu a Kano a watan Afrilun 2024, ta haura shekara 20 tana irin wannan fitowa, kuma hararar da za ta yi wa suruka kaɗai ta isa ta ɗaga sin, wato fitowa guda a cikin fim.

Ga yadda aikin ke tafiya. Furodusa zai kira mai fitowa uwa, a yi ciniki gwargwadon yawan sin ɗin da za ta fito. Sau da yawa da kayanta take zuwa lokeshan, wato wurin ɗaukar fim: atamfa kala uku ko huɗu, mayafi, hijabi, carbi. In sin shida gare ta a falo ɗaya, rana guda za a ɗauke su duka, ba a jere yadda labarin ya zo ba. Da safe ta yi kukan rasuwar ɗanta, bayan azahar ta rangaɗa guɗar aurensa. Dole ta riƙe a ranta inda labarin ya kai a kowane sin, in ba haka ba fushinta zai riga dalilinsa zuwa.

Kontinuiti, wato daidaituwar shiga da kamanni daga wannan ɗauka zuwa waccan, shi ke yawan ba da matsala. Ɗaurin ɗankwali ya sauya gefe, carbi ya bar hannun dama ya koma hagu, lalle ya dushe tsakanin shot biyu da mai kallo zai gani a minti ɗaya. Shi ya sa ake ɗaukar hotonta a waya kafin ta sauya kaya. A fim mai dogon zango irin Daɗin Kowa na Arewa24 abin ya fi tsanani, don ana iya komawa wani sin bayan makonni.

Sai maganar kuɗi, wadda ke da ciwo. A 2022 Ladin Cima, dattijuwar da ta daɗe tana fitowa uwa, ta shaida wa BBC Hausa cewa naira dubu biyu zuwa biyar ake sallamarta da su. Wasu furodusoshi sun musanta, suka ce sun biya ta fiye da haka. Abin da ba a musu a kai shi ne, yawanci sau ɗaya ake biya. Ko fim ɗin ya shekara yana kawo kuɗi a YouTube, kason mai fitowa uwa ya ƙare tun ranar da ta naɗe atamfofinta ta bar lokeshan.