Amsoshin Tambayoyinku: Ƙungiyar da ta sha kashi sau 26 a jere a Amurka

Jama'a assalamu alaikum, barkanmu da sake saduwa a filin amsoshin tambayoyinku. Wasiƙun wannan mako sun karkata ne ga wasanni, amma yau ba tamaula za mu taɓa ba. Amurka za mu leƙa, wurin wasan nan nasu na masu hular kwano da ƙwallo mai tsini biyu.

Wasiƙar farko daga wani mai sauraronmu ce a Damagaram, Jamhuriyar Nijar. Ya ce gardama ta kaure a majalisarsu, wani ya rantse cewa akwai ƙungiyar ƙwararru a Amurka da ta gama kakar wasa sukutum ba ta ci kowa ba, ko canjaras ba ta yi ba. Shi ne yake tambaya, da gaske ne ko shaci-faɗi?

To Malam, abokinka bai yi kaffara ba. Sunan ƙungiyar Tampa Bay Buccaneers, tana birnin Tampa a jihar Fulorida, kuma abin ya faru a 1976, shekarar da ta fara shiga babbar gasar ƙasar da ake kira NFL. Wasa 14 ake yi a kaka a wancan zamani. Ta buga 14, an doke ta a 14.

Kafin mu shiga alƙaluma, bari mu ɗan share fage don kada a ji maki 40 a zaci ƙwallo 40 aka zura a raga. Mutum 11 ne a kowane ɓangare. Masu riƙe da ƙwallo suna da dama huɗu su ci gaba da yadi 10, in sun kasa ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Wanda ya kai ta ƙarshen fili ya samu maki 6, da damar ƙarin 1 in an buga ta ta ratsa tsakanin sanduna. In kuma an gaza kaiwa aka buga daga nesa ta shiga, maki 3 ke nan. Ƙungiya mai lafiya takan tashi da maki ashirin da wani abu a wasa guda.

Tampa kuwa maki 125 ta haɗa a kakar gaba ɗaya, aka zuba mata 412. Sau 5 tana tashi daga fili babu ko maki ɗaya. Wasan farko Houston Oilers ta ci ta 20 da nema, na biyu San Diego Chargers ta ƙara mata 23 da nema. Sai a mako na uku ta ga maki, shi ma duk da bugun ƙafa, Buffalo ta ci ta 14 da 9. Ba ta kai ƙwallo ƙarshen fili ba sai a mako na huɗu, kuma abin dariyar, ba masu kai hari ne suka fara kai ta ba. Wani mai tsaron baya ne, Danny Reece, ya tsinci ƙwallon da ta suɓuce wa 'yan Baltimore ya ruga da ita. Duk da haka 42 da 17 aka tashi.

Wasan da ya fi ci wa magoya bayanta rai shi ne na mako na shida. Seattle Seahawks ce ta zo musu har gida, ita ma sabuwa ce fil, shekara ɗaya suka shigo, ita ma ba ta ci kowa ba tukuna. Kowa ya san yau dai dole ɗaya ta fita kunya. Saura ƙasa da minti ɗaya a tashi, Seattle na gaba da 13 da 10, Tampa ta samu bugun da zai farke. Dave Green ya ɗaga ƙafa ya buga, wani tsohon hannu a Seattle mai suna Mike Curtis ya kutso ya tare ƙwallon tun ba ta tashi sama ba. Shi ke nan. Mako na gaba suka riƙe wa Miami wuya har kusan ƙarshe, aka ci su 23 da 20. Daga nan raunuka suka yi musu yawa, sai lallasa ta biyo baya: Denver 48 da 13, New York Jets 34 da nema, Pittsburgh 42 da nema.

Amma Malam, in ka koma majalisa ka ƙara musu da wannan: a ganina ba 'yan wasan ne suka fi laifi ba. Mai ƙungiyar, wani lauya mai suna Hugh Culverhouse, ya biya dala miliyan 16 kuɗin shiga gasar. Me aka ba shi? Tsoffin ƙungiyoyi 26 kowacce ta killace gwanayenta, ta fitar da waɗanda ba ta damu da rabuwa da su ba, aka ce Tampa da Seattle su zaɓi mutum 39 kowaccensu daga ciki. Kamar wanda ya isa kasuwar raguna da almurun jajibirin Sallah ne, abin da ya rage shi zai ɗauka. Wasu shekaru sun ja, wasu da tsohon ciwo a gwiwa suka zo. Kuma a lokacin babu 'yancin da ɗan wasa yake da shi yanzu na sauya sheƙa in kwantiraginsa ya ƙare, balle a ce mai kuɗi ya buɗe bakin aljihu ya sayo taurari. Kuɗin shigar kuwa tsoffin ƙungiyoyin ne suka raba a tsakaninsu.

Wasiƙa ta biyu daga wata baiwar Allah ce a Zangon Kumasi, ƙasar Gana. Ta ce ita mai bin gasar Firimiya ce ta Ingila, kuma ta san duk wadda ta ƙare a ƙasan teburi sai ta faɗa rukunin 'yan dagaji. To ita wannan ƙungiya ina aka tura ta?

Hajiya, ba a tura ta ko'ina ba. A NFL babu faɗawa, babu haurowa. Kujerarka taka ce tunda ka biya, ko da kuwa shekara goma za ka yi kana shan kashi. Har ma tukwici ake ba na ƙarshe. Kowace shekara ana zaman zaɓen matasan da suka gama wasa a jami'o'i, kuma ƙungiyar da ta fi kowa lalacewa a kakar da ta wuce ita ke fara ɗauka, zakara kuma ya jira ƙarshen layi. Manufar ita ce kada wasu 'yan tsiraru su mamaye gasar har abada, domin kuɗin talabijin raba shi ake yi daidai, kuma masu ƙungiyoyin sun san ba mai kallon wasan da aka san sakamakonsa tun kafin a fara.

Tampa ta ci moriyar wannan tsari sosai. A 1976 ita ta fara zaɓe, ta ɗauki Lee Roy Selmon daga Jami'ar Oklahoma, ƙaton mai tsaron baya wanda daga baya, a 1995, aka shigar da shi zauren gwarazan wasan. Ta haɗa da yayansa Dewey Selmon. A 1977 ta sake zama ta farko, ta ɗauki Ricky Bell, mai gudu da ƙwallo, ta bar Tony Dorsett ya tafi Dallas, abin da aka daɗe ana yi mata gori a kai. A 1978 ma ita ce ta farko, sai ta yi musaya da Houston: ta ba su damar, su kuma suka ba ta wani ɗan wasa, Jimmie Giles, da wasu damammakin zaɓe. Da ɗaya daga ciki ta ɗauko Doug Williams daga Jami'ar Grambling, baƙar fata da ta zaɓa a zagayen farko a matsayin madugu mai jefa ƙwallo. Riƙe sunan nan, za mu dawo kansa.

Akwai masu sukar tsarin, suna cewa yana sa ƙungiyar da ta ga kaka ta lalace ta saki jiki da gangan don ta samu zaɓin farko. Akwai ƙamshin gaskiya a maganar. Tampa ta 1976 dai ba wanda ya taɓa zarginta da haka, iya ƙarfinta ke nan.

Sai wani ɗan'uwa daga unguwar Fagge a Kano, ya ce shi abin da yake so ya ji shi ne makomar kocin. An kore shi ko kuwa? Kuma yaushe suka fara cin wasa?

Ba a kore shi ba, ɗan'uwa. John McKay sunansa, kuma ba ƙaramin mutum ba ne, don sau 4 yana cin kofin jami'o'in Amurka da Jami'ar Kudancin Kalifoniya kafin ya zo Tampa. Mutum ne mai kaifin harshe, in an ci su sai ya fito gaban 'yan jarida yana yi wa yaransa ba'a, wasunsu kuma abin yana yi musu ciwo. Ɗansa na cikinsa yana cikin masu cafe ƙwallo a ƙungiyar, wanda hakan ya jawo gunaguni. Tsakaninsa da madugunsa Steve Spurrier ma ba a sha inuwa ɗaya ba, kaka na ƙarewa aka sallami Spurrier. Magoya baya har riguna suka buga masu cewa a jefa McKay a teku.

Kakar 1977 ta zo, aka ɗora daga inda aka tsaya. Wasa 12 na farko duk an ci su, maki 53 kacal suka samu a cikinsu. In ka haɗa da 14 na bara, 26 ke nan a jere, kuma tun haɗewar manyan gasannin ƙasar biyu a 1970 ba a sake ganin irin wannan jerin ba. Sai dai masu lura sun ga wani abu: tsaron gidansu ya fara ƙarfi, cin maki ne ya gagara.

Ranar 11 ga Disamba 1977 suka je karawa da New Orleans Saints. McKay ya gaya wa yaransa cewa madugun Saints, Archie Manning, ya ce abin kunya ne Tampa ta ci mutum. Manning ya musanta cewa ya faɗi haka, amma maganar ta riga ta yi aikinta. Masu tsaron bayan Tampa suka cafke ƙwallon da 'yan Saints suka jefa har sau 6, uku daga ciki suka ruga da su har ƙarshen fili. Aka tashi 33 da 14. Da suka koma gida a daren, dubban mutane ne suka fito tarbarsu, sai ka ce kofi suka ɗauko. Mako na gaba suka doke St. Louis Cardinals 17 da 7 a gida, 'yan kallo suka kwararo cikin fili suka tumɓuke sandunan. Kocin Saints, Hank Stram, wanda ya taɓa cin kofin Super Bowl, wato wasan ƙarshe na gasar, da Kansas City, shi ne ya rasa aikinsa bayan kakar. Na Cardinals ma, Don Coryell, bai ga kaka ta gaba a kujerarsa ba.

A 1979 kuwa, da Selmon da Bell da Williams, Tampa ta ci wasa 10 cikin 16, ta zama zakarar rukuninta bayan ta doke Kansas City 3 da nema a cikin ruwan sama kamar da bakin ƙwarya. Ta fitar da Philadelphia 24 da 17, saura wasa ɗaya ta kai Super Bowl, Los Angeles Rams ta tare ta da 9 da nema. An zaɓi Selmon gwarzon mai tsaron baya na shekarar. McKay ya zauna har ƙarshen kakar 1984 kafin ya ajiye aiki da kansa.

Doug Williams da na ce a riƙe, Culverhouse ya ƙi biyansa abin da ya nema bayan kakar 1982, alhali albashinsa yana ƙasa da na takwarorinsa duka. Ya kama gabansa. Tampa ta shiga shekara 14 a jere, daga 1983 zuwa 1996, kowace kaka rashin nasararta ya fi nasara yawa. Shi kuwa Williams a Janairun 1988 ya jagoranci Washington ta casa Denver 42 da 10 a Super Bowl, aka ba shi gwarzon wasan.

Wani daga Garwa a Kamaru ya tambaya a taƙaice ko an sake yin irin wannan kaka. An yi, har da ƙari, don wasa 16 aka riƙa yi a kaka daga 1978 zuwa 2020. Detroit Lions ta sha kashi a duka 16 a 2008, Cleveland Browns ta maimaita a 2017.

Ta ƙarshe daga wani matashi ne a Zariya, mai goyon bayan Manchester United. Ya ce ya ji ana cewa masu ƙungiyarsu suna da wata a Amurka, ko ita ce wannan?

Ita ce, samari. Culverhouse ya rasu a 1994, Malcolm Glazer ya sayi Buccaneers a 1995 kan dala miliyan 192, shekara 10 kafin iyalinsa su karɓe Manchester United a 2005. A hannunsu aka jefar da rigar nan mai ruwan lemo ta zamanin shan kashi a 1997, aka koma ja. A hannunsu kuma ta ci Super Bowl sau biyu: Janairun 2003 ta doke Oakland Raiders 48 da 21, sai Fabrairun 2021 da madugu Tom Brady, ta ci Kansas City 31 da 9 a filinta na Tampa. Ko wannan zai sanyaya maka zuciya game da su, kai ka sani.

Sauran wasiƙun da ba mu kai gare su ba suna nan a ajiye sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu. A huta lafiya.