Amsoshin Tambayoyinku: Wa Ke Riƙe da Birnin Kano?

Assalamu alaikum masu sauraro, barkanmu da warhaka. Wasiƙar farko ta fito ne daga wani bawan Allah a Kano. Ya ce shara ta toshe kwatar unguwarsu tun kafin damina, duk ofishin da ya je sai a tura shi wani. Shi ne yake tambaya: me ya sa Kano ba ta da magajin gari guda ɗaya kamar Landan, wanda za a kama da laifi idan abu ya lalace?

Malam, Allah ya saka da alheri, tambayarka ta taɓo inda ke yi wa mutane da yawa ƙaiƙayi. A tsarin mulkin Najeriya na 1999 matakan gwamnati uku ne: tarayya, jiha, ƙaramar hukuma. Babu wani mataki da ake kira gwamnatin birni. Saboda haka abin da kake kallo gari ɗaya, a takarda an yanka shi gida takwas: Birni da Kewaye, Fagge, Dala, Gwale, Tarauni, Nassarawa, Ungogo da Kumbotso, kowace da ciyaman ɗinta da kansilolinta. Ruwan sama kuwa bai san iyakar Dala da Fagge ba, haka sharar da yake kwasowa.

Bisa doka, kwashe shara, kula da kasuwanni da tashoshin mota da maƙabartu, sanya wa tituna suna, rajistar haihuwa da aure, duk aikin ƙaramar hukuma ne. Amma da yake birnin ya fi ƙarfin kowace ɗaya daga cikinsu, gwamnatin jiha ta kafa hukumominta: REMASAB ga shara, KNUPDA ga tsara gine-gine, KAROTA ga zirga-zirgar ababen hawa. Nan ne matsalar take. Wanda ka zaɓa a mazaɓarka ba shi da motar kwasar shara, mai motar kuma ba kai ka zaɓe shi ba, gwamna ne ya naɗa shi. A Landan, tun shekarar 2000 mazauna birnin ke zaɓen magajin gari da ƙuri'arsu, kuma Sadiq Khan ke kan kujerar tun 2016. A wajenmu kuwa Magajin Gari sarauta ce ta gargajiya, kamar yadda take a Sakkwato da Zazzau. Shawarata, ku haɗa kai da mai unguwa ku rubuta koke, ku miƙa kwafi ga kansila da hukumar shara, ku tabbata an buga muku hatimin karɓa.

Wasiƙa ta biyu daga wata malamar makaranta ce a Gusau, tana son a yi mata bayanin hukuncin Kotun Ƙoli kan kuɗin ƙananan hukumomi.

Malama, ƙananan hukumomi 774 na da kashi 20.60 cikin ɗari na kuɗin da ake rabawa daga asusun tarayya. Sai dai sashe na 162 na tsarin mulki ya tanadi asusun haɗin gwiwa, wanda kuɗin ke bi ta hannun jiha kafin ya isa ga ƙananan hukumomi, abin da ya isa ɗin ma sau da yawa albashi ne kawai yake biya. Ministan shari'a Lateef Fagbemi ya kai jihohi 36 ƙara, kuma ranar 11 ga Yulin 2024 kotun ta ce a riƙa biyan ƙananan hukumomi kai tsaye, ta kuma haramta wa gwamnoni rushe zaɓaɓɓun shugabanni su naɗa kantomomi.

Hukuncin ya yi kyau, amma aiwatar da shi ya yi ta tafiyar hawainiya. Ni abin da ya fi damuna shi ne zaɓen kansa. Hukumar zaɓe ta jiha ce ke shirya shi, gwamna ke naɗa shugabanninta, kuma kusan ko'ina jam'iyyar gwamna ce ke lashe komai. A Kano, a watan Oktoban 2024, NNPP, jam'iyyar gwamna a lokacin, ta cinye kujerun ciyamomi 44 gaba ɗaya, haka jam'iyyu masu mulki suka yi a jihohi da dama. Ciyaman ɗin da gwamna ya ɗora, ko kuɗin ya faɗo asusunsa kai tsaye, da wuya ya taɓa shi bai nemi izini ba. A Abuja ne kaɗai INEC ke gudanar da zaɓen ƙananan hukumomi shida, kuma can akan ga jam'iyyar adawa ta ci kujera.

Sauran wasiƙunku sai a shiri na gaba, in Allah ya kai mu.