Faifan Hiren's da kwamfutar da ta ƙi tashi

Ku ɗauki wannan misalin. An kunna kwamfuta, fanka tana juyawa, amma abin da ya fito baƙin allo ne da layi guda na Turanci da ke cewa ba a ga NTLDR ba. Mai kwamfutar yakan ɗauka cewa aikinsa na shekaru ya salwanta, alhali galibi takardunsa da hotunansa suna nan daram. Abin da ya samu matsala shi ne ɗan fayil ɗin da ke tayar da Windows XP, wato NTLDR, ko kuma sashen farko na rumbun ajiya, wanda ake kira MBR, wanda girmansa bayit 512 ne kacal.

Dabarar masu gyara a wancan zamani ita ce su shiga BIOS, wato ƙaramar manhajar da ke fara aiki da zarar an kunna kwamfuta, su umarci na'urar ta fara duba faifan CD kafin rumbunta, sai wata manhaja dabam ta tashi daga faifan ta zauna a RAM, wato ma'ajiyar wucin gadi ta kwamfuta, ba tare da ta dogara da Windows ɗin da ya lalace ba. Knoppix, wanda Bajamushe Klaus Knopper ya fitar a 2000, yana cikin waɗanda suka yaɗa wannan hanya da Linux, wata manhajar gudanar da kwamfuta irin Windows, amma wanda ya fi zama a jakar masu gyara shi ne Hiren's BootCD. Fitowarsa ta 15.2, ta shekarar 2012, tana ɗauke da ƙaramin Windows XP, da Memtest86+ na gwada lafiyar RAM, da TestDisk na dawo da ɓangaren rumbun da ya ɓace. Mai gyaran da ya san hannunsa yakan fara kwashe fayilolin mutane zuwa filashi kafin ya taɓa komai, domin rumbun da ya fara ciwo ba ya jure yawan gwaje-gwaje.

A sabuwar kwamfuta kuwa, wannan faifan ba ya ko motsi. Sabon tsari mai suna UEFI ya maye gurbin BIOS, tsarin Secure Boot da ya bazu tare da Windows 8 yana hana manhajar da ba ta da sa hannun amincewa tashi, sannan ramin saka CD ɗin ma galibi an daina yinsa. Shi ya sa a 2018 masoya faifan suka fitar da Hiren's BootCD PE bisa Windows 10, wanda ake ɗorawa a filashi. Tsohon kuma a ajiye shi saboda kwamfutocin zamanin XP da har yanzu ake kawowa shagon gyara.