Amsoshin Tambayoyinku: Masu Fitowa a Uba, Boka da Mai Gadi

Mai gabatarwa: Jama'a, lokaci ya ja, mu buɗe wasiƙu. Wani daga Maraɗi yana tambaya ko Ibro ya taɓa aikin gwamnati. Ƙwarai, marigayi Rabilu Musa ya yi aikin gidan yari kafin fim ya ɗauke shi, ya rasu a Disamban 2014. Wata daga Kumasi kuma ta ce wai ko Daso haka take da faɗa a gida? Haba Hajiya! Aiki ne fa. Saratu Giɗaɗo ta iya fitowa a muguwar uwa ne har kika yarda. Allah ya jiƙanta, ta rasu a Afrilun 2024.

To, ga wadda ta fi yawa a jakarmu: wanda ba jarumi ba, kullum shi ne uba, boka ko mai gadi, yaya yake daɗewa a sana'ar fim? Malam, kai ka san lokeshan, wato wurin ɗaukar fim.

Baƙo: Ai ba a ɗaukar fim bi da bi. In kana da fitowa shida a gida ɗaya, a yini guda za a ɗauke su, wata ta farkon labari, wata ta ƙarshe. Dole ka tambayi darakta me ya faru kafin kowace fitowa, in ba haka ba ka yi fara'a alhali a labarin ɗanka ya rasu jiya. Sannan kowace fitowa ana ɗaukarta daga nesa, a sake daga kusa. In sanda tana hannun dama a ta nesa, kar ta koma hagu a ta kusa. Karin hula, carbi, inda ka ajiye buta, duk a wuri ɗaya, don in sun sauya, mai tace hoto ba zai iya haɗa ta nesa da ta kusa ba, sai ya yanke ka. Mutanen da, irin su Kasimu Yero da Samanja a talabijin ta Kaduna, murya suka gina tukuna...

Mai gabatarwa: Malam, dawo mana kan maganar daɗewa.

Baƙo: Zuwa a kan lokaci da haddace magana. Furodusa haya yake biya ta kyamara da fitilu, wanda ya sa aka maimaita sau goma ba a sake kiransa. Kuma a yi cinikin sallama kafin a kunna kyamara, a san ko na yini ne ko na fitowa. Shiri mai dogon zango irin Daɗin Kowa na Arewa24 ya fi ba da aiki a kai a kai, sai dai sunan da ake kiran mutum da shi a shirin yakan manne masa, kamar Kamaye na cikin shirin.

Mai gabatarwa: Ku ji da kyau, na maimaita: a yi ciniki kafin aiki, ba bayansa ba. Ni a ganina kunya ce ke cutar dattawan nan. Mai tambaya daga Yamai kan rubutun labari, ka yi haƙuri sai mako mai zuwa.